Surajo Mai Hoton Sama

A unguwar Ƙiblatain ta birnin Madina, a layin da motocin masu ziyara ke tsayawa a sayi ruwan sanyi da dabino, akwai wani shagon hoto mai ƙofar gilashi. A nan Surajo ya yi rabin rayuwarsa. Shagon na kafilinsa ne, wato ubangidan da ya tsaya masa a wajen hukuma, wani Bahijaze da ba ya leƙowa sai jefi-jefi, don haka da sunan Surajo mutanen unguwa suke kiran wurin. Aikin ba ya canzawa: hoton iƙama, wato takardar izinin zama, hoton fasfo, alhazan da ke son a tsayar da su gaban labulen da aka zana koriyar ƙubba a jikinsa, sai bidiyon biki a ɓangaren maza. Yana yi da tsabta, ba a taɓa dawo masa da aiki ba. Amma in ka tambaye shi ko shi ya ɗauki hotunan da ke manne a gilashin ƙofa, sai ya ce, "Na shago ne." Nasa suna gida, cikin kwalayen takalma a ƙarƙashin gado.

Mutumin Damagaram ne, can ya fara sana'ar da 'yar rumfa kusa da tasha. Wajen ƙarshen shekarun saba'in wasu Turawa suka zo ɗaukar fim a kan ayarin gishiri da ke tafiya tsakanin Agadas da Bilma, suna neman wanda ya san kyamara, yana jin Faransanci, yana jin Hausa. Surajo ya rufe rumfa ya bi su. Cikinsu akwai wani gajeren dattijo mai fata irin ta Buzaye, wanda ba Bature ba ne. Mutumin Meziko ne, sunansa Ebaristo Luhan, shi ke riƙe da kyamara.

A inuwar mota lokacin hutun rana, da guntun Faransancin da suka haɗa, dattijon ya ba Surajo labarin kansa. Da shara ya fara a wani gidan shirya fim na babban birninsu, ya koma dakon gwangwanayen fim, ya koma murza wa wani idon kyamara, sai da ya manyanta kafin a sakar masa ita. Ya ɗauki fina-finan baƙi da fari masu yawa, na manoma da masunta da matan da ke jiran mazan da suka tafi ci-rani. A ƙasarsu, in ji shi, ba sai an karanta suna ake gane hannunsa ba. Sama takan cinye kusan duk allon, gajimare ya yi tudu-tudu kamar audugar da aka shiɓe, mutum kuma yana can ƙasa ɗan mitsitsi, baƙi wuluk kamar an yanko shi da almakashi. Da fim mai kala ya zo, masu gidan suka fi son fuskar jaruma ta cika allo, sai aka daina kiransa. Abin da ya kawo shi hamada bin raƙuma ke nan.

Yadda yake aiki ne ya shiga ran Surajo. Sai ya sa a haƙa rami a yashi, ya shiga ya kwanta, ya ajiye kyamara dab da ƙasa tana kallon sama. Ya ɗora mata jan gilashi a ido don shuɗin sama ya yi duhu, farin gajimare ya fito. Sannan ya jira. Shugaban tafiya yana zage-zage, madugu yana cewa rana na tafiya, Ebaristo yana kwance da hula a fuska, har gajimaren da yake so ya iso inda yake so. Ya ce wa Surajo fuska ba abin yarda ba ce, da ta ga kyamara sai ta gyara kanta, amma tsayuwar mutum daga nesa ba ta san ana kallonta ba. Da aiki ya ƙare ya hau jirgi a Yamai, Surajo bai sake jin ɗuriyarsa ba. Zaman bai kai rabin shekara ba, amma gwiwar Surajo ba ta manta ba. Duk sanda ya ɗauki kyamara don kansa, kafin ya yi tunani ya riga ya durƙusa.

A farkon tamanin ya zo aikin hajji da amaryarsa Innayatu, suka zo ziyara Madina, ba su koma ba. A nan aka haifi Rumaisa, ita kaɗai Allah ya bar musu. Madina gari ne mai rowar gajimare, sai lokacin sanyi yake ɗan sakin hannu. Ranar da Surajo ya ga sama ta haɗa, sai ya rufe shago, ya kwashi matarsa da 'yarsa a tsohuwar motarsa zuwa kwarin Aƙiƙ ko gindin Uhudu, ya tsayar da su a kan dutse, ya yi ta ja da baya har muryarsa ta daina isa gare su. Innayatu mace ce mai haƙuri, takan taho da shayi a fulas da ɗinkin hularta, ta ce in gajimarensa ya iso ya ɗaga hannu. Rumaisa kuwa, tana shekara goma sha biyar ta sauko daga kan dutse ta shiga mota ta ja ƙofa, ba ta sake tsaya masa ba.

A shekarar casa'in da takwas Innayatu ta rasu bayan gajeriyar jinya, aka kai ta Baƙi'a. Da alhazan Damagaram suka zo, yayarta ta aiko a ba ta hoton ƙanwarta. Surajo ya jawo kwalaye ya zazzage a tsakar ɗaki. Ga Innayatu a kan dutse. Ga ta a bakin kwari ranar da ruwa ya gudana. Ga ta riƙe da hannun yarinya, iska ta ɗaga mayafinta. Duk ita ce, shi kam ya san tsayuwarta ko cikin dubu. Amma babu fuska ko ɗaya. Wadda ta taɓa kasancewa ita ce ta jikin iƙama, ita ma an mayar wa hukuma bayan rasuwa. Shi ya ɗauke ta da hannunsa, amma aikin shago ne, ba a ajiye irinsa. Ya zaɓi wanda ya fi kyau ya aika. Shekara ta zagayo, alhazai suka dawo da saƙon yayar: ta gode, amma wannan ai kowa ce.

Daga nan fuskar Innayatu ta fara zame masa. Yakan kamo goshi ya rasa baki, ya kamo dariyar ya rasa idon da ke yin ta. Bai gaya wa kowa ba.

A ƙarshen shekarar dubu biyu da uku aka sa ranar auren Rumaisa da Jamaluddeen, wani ɗan Kano mai haɗa magani a asibiti, wanda kwantiraginsa ya ƙare zai koma gida da amaryarsa. Yaron kirki ne, Surajo bai yi gardama ba. Abu ɗaya ya tsaya masa a rai: kafin ta hau jirgi yana son hoton fuskarta guda ɗaya, wanda zai duba ya ce ga Rumaisa.

Haladu, abokinsa mai jigilar kayan alhazai a filin jirgi, yakan biyo da rana da wake da burodin tamis su ci a bayan kanta. Shi ya fara jin maganar.

"Kai dai ka ji kunya, Malam," in ji Haladu yana yagar burodi. "Duk Takarin garin nan kai ka ɗauki fuskarsa, har wannan tawa da ke firgita yara. 'Yar cikinka ce ta gagare ka?"

"Ba ta tsayawa."

"Ina za ta tsaya? Ka ɗora yarinya a kan dutse kamar akuya, ka koma can wajen Tabuka kana leƙenta."

"Ba ka san aikin ba, Haladu."

"Na san abu ɗaya. Wanda ka yi mini a Uhudu na aika wa uwar 'ya'yana a Katsina, ta ce wa ya yar da buhu a hanya?"

Surajo ya yi murmushi don dole. Waken bai shiga ba ranar.

Da yamma ya tarar da Rumaisa a falo tana ninke kaya cikin akwati. Da Hausa yake mata magana, da Larabci take ba shi amsa, haka suka saba tun tana ƙarama.

"Rumaisa, ina son hotonki kafin ki tafi."

"Kana da kwali guda, Abuya."

"Na fuska nake nufi."

Ta ajiye rigar da ke hannunta. "Haka ka ce ranar da na gama firamare. Ka ce na fuska. Na tsaya da takardata rana tana dukana, hoto ya fito ni da tururuwa ba bambanci. 'Yan ajinmu suka ce ashe gajimare ne ya ci jarrabawa."

"Wannan karon daban ne."

"Anti Hannatu za ta ɗauka ranar biki, ta ba ka guda. Halas."

Hannatu ita ce mai ɗaukar ɓangaren mata a bukukuwan Hausawan Madina. A ƙa'a, wato zauren biki, mata suna cire mayafi, don haka namiji ba ya shiga da kyamara, kaset ɗin da aka ɗauka ma namiji ba ya kallo, ko da uban amarya ne. Surajo ya shekara ashirin yana ɗaukar rabin kowane biki, Hannatu tana ɗaukar ɗaya rabin, ba su taɓa ganin aikin juna ba. Ya je ƙofar gidanta a Aƙiƙ ya yi sallama, ta tsaya a bayan labule.

"Abu Rumaisa! Yau kai ne a gidanmu? Lafiya dai?"

"Lafiya, Hajiya. Alfarma nake nema. Hoton yarinyar nan guda ɗaya, ita kaɗai, ba wata mace a ciki."

"Wannan ai ba sai ka taso ba."

"Amma ki kashe fitilar kyamara. Ki kai ta kusa da taga."

"Taga? Ƙa'a ba ta da taga, bawan Allah, don irinku aka toshe."

"To kada ki bari ta san kina ɗauka."

"Yarinya ta wuni wajen mai kwalliya, in ce kada ta san ana ɗauka? Sai ƙawayenta su cinye ni ɗanya."

A hankali ya ce, "Ki ɗan sauke kyamarar ƙasa kaɗan, ki..."

Dariya ta ƙwace mata har labule yana motsi. "Ga shi nan ya fito! In durƙusa da wannan gwiwar tawa in ɗauko maka silin da fitilu? Je ka gida, Abu Rumaisa. Zan yi maka irin wanda kowane uba ke ratayewa a falo."

Ta kuwa cika alkawari. Aka yi biki, Surajo ya ɗauki ɓangaren maza da kansa, likitoci da malaman jami'a suna layi suna rungumar ango. Bayan kwana biyu aka kawo masa ambulan daga Hannatu. Ya buɗe a shago. Amarya ce kyakkyawa, an shafe ta da hoda har ta yi fari, an zana mata gira, fitilar kyamara ta wanke duk wata inuwa daga fuskar. Aiki ne mai kyau, ya san haka. Ya kai hoton bakin ƙofa ya duba, ya dawo ciki ya sake dubawa. Amaryar kowa ce. Ya mayar da shi ambulan, ya kai gida ya ɗora a kan firij.

Ranar tafiya, bayan azahar, Rumaisa ta hawo yi masa sallama, Jamaluddeen yana ƙasa a mota da akwatuna. Ta zagaya ɗakunan tana taɓa abubuwa, ta nuna masa inda ta ajiye maganin hawan jininsa, ta ce kada ya riƙa barin shayi a wuta ya tafi masallaci. Sai idonta ya faɗa kan ambulan.

"Ba ka rataye ba."

"Yana da kyau. Hajiya ta yi ƙoƙari."

Ta dube shi, ta dubi bangon falo da babu komai a jikinsa sai kalanda. Fuskarta a wanke take, ba kwalliya, ta gaji da hidima.

"Ɗauko kyamarar," ta ce. "Amma mai kala, ba irin naka na mutanen da ba. Kuma ba inda za ni, nan saman bene. Yalla, Abuya, jirgi ba ya jiran amarya."

Ya ɗauko kyamarar ya zura fim. Suka hau matakala, ta tura ƙofar ƙarfe, suka fita kan rufin.

Tun safe bai leƙa waje ba, bai san abin da ke sama ba. Hadari ne ya taso daga yamma, baƙi a ƙasa, fari tas a kai, ya yi hawa-hawa a kan Uhudu kamar gari bisa gari. Rana ta huda shi wuri uku ko huɗu, haske yana zubowa a miƙe kan gonakin dabino. Tun da ya zo Madina bai taɓa ganin irinsa ba. Rumaisa ta je bakin katanga ta tsaya, iska ta kama abayarta.

Bai san ya ja da baya ba sai da gadon bayansa ya bugi tankin ruwa. Ya sa ido a kyamara. Ga ta can ƙasa a kusurwa, siririya, baƙa, duk nauyin saman nan a kanta kuma ba ta sunkuya ba. Hoton da ya shekara ashirin yana rufe shago dominsa ke nan. Yatsansa ya hau maɓalli.

"Abuya."

Ya ƙara gyara kyamarar a idonsa.

"Abuya, ga shi ka durƙusa."

Ya duba, gwiwarsa tana ƙasa.

"Wallahi in ka danna na sauka," ta ce. Ba da faɗa ta faɗa ba. "Sau ɗaya dai. Ni."

Hasken da ke kan dabinon ya fara matsawa, ya san ba zai daɗe ba. Ya ɗauke yatsansa. Ya dafa tanki ya miƙe, gwiwar ta yi ƙara. Ya tako har inda take, ya kama hannun rigarta ya kai ta jikin bangon matakala, farin bango mai tsagewa, inda babu komai a bayanta. Shi kuma ya juya wa hadarin baya.

Sai ya rasa yadda zai yi. A shago ya san abin faɗa: ɗaga haɓa, kada ka ƙifta, dubi nan. Waɗannan na baƙi ne. Bai taɓa tsayawa kusa da ita haka da kyamara ba, har yana ganin numfashinta yana ɗaga mayafi. Ita ma ta daskare, ta haɗa leɓe, ta yi irin fuskar fasfo. Hadarin da ya bari a baya ya tace rana, haske mai laushi ya kwanta mata a kunci. Suka tsaya haka, kowa yana jin kunyar kowa. Daga ƙasa Jamaluddeen ya danna hon a hankali, irin na suruki.

"Wai ma," in ji Surajo, idonsa a kyamara, "kin iya tuƙa tuwo kuwa? Mutanen Kano ba sa cin shinkafar kabsa kullum."

"Yanzu kake tambaya?" Ta buɗe baki, rabi dariya rabi masifa, gira ɗaya ta ɗaga. Ya danna. Ya sake dannawa tana cewa ai laifinsa ne, shi da ba ya cin komai sai wake da tamis. Ɗigon ruwa na farko ya faɗo a kan hannunsa, suka ruga ciki.

A filin jirgi Haladu ya karɓe akwatunan ya hana kowa taɓawa. Rumaisa ta sumbaci goshin mahaifinta, ta bi mijinta, ta waiwayo sau ɗaya daga bayan gilashi. Surajo ya koma gida cikin ruwa, ya tarar da takalmanta na ɗaki a bakin ƙofa, ya tsallake su.

Washegari ya zura fim ɗin a injin shago, ya tsaya a bakinsa har hotuna suka fara zubowa da ɗuminsu. Na biyun ne wanda yake nema. Ita ce, ba wata ba: hancin nan, haƙorin da ya ɗan hau kan ɗan'uwansa, idon da ke shirin ba da amsa. Ya buga shi babba. A babban ne ya ga wani abu a girarta ta hagu, wani ɗan farin layi da ya raba gashin biyu. Ya ɗauka ƙura ce a fim, ya goge ya sake bugawa. Layin yana nan. Tabo ne, tsoho.

Ya jira Juma'a, bayan an sauko daga masallaci ya sayi katin waya ya shiga rumfar tarho a bakin titi. Layin Kano yana da jinkiri, in ka yi magana sai ka ji muryarka ta dawo kafin amsa ta iso. Suka gaisa, ta ce sauro ya kusa cinye ta, dangin Jamal kuma suna dariyar Hausarta.

"Rumaisa, akwai tabo a girarki ta hagu."

Dariyarta ta iso daga nesa. "Sai yanzu, Abuya? Tun ina aji uku. Ƙarfen lilo ne a makaranta."

"Ni a ina nake lokacin?"

"Kana nan mana. Umma ta kasa shiga, kai ka riƙe kaina aka yi ɗinkin. Har ka saya mini askirim a hanya, na ɓata maka kujerar mota."

Ya buɗe baki zai tambaye ta wane asibiti, sai katin ya ƙare.

Ya taka zuwa gida. Ya ɗumama sauran wake, ya zauna a ƙasa, ya jingina hoton da butar shayi a gabansa. Ya nemi ranar a kansa: ɗakin likita, kukan, nauyin kan yarinya a tafin hannunsa. Bai same ta ba. Ya ture kwanon gefe, ya matso da hoton kusa da taga, ya ci gaba da nema har aka kira la'asar.